Kwaɗon Taliya a Bakin Iyaka

A duk inda ma'aikata suka haɗu don ƙwarya-ƙwaryar walima a yau, ta ƙarin girma ce, ta suna ce, ko haɗuwar tsofaffin ɗalibai bayan sallah, akwai wani kwano da ba ya rasa gurbi a gefen dafa-duka da soyayyar kaza. Makaroni ne da aka dafa har ya saki jiki, aka yanka masa kabeji da karas da dafaffen ƙwai, aka juye masa waken gwangwani, sannan aka lulluɓe shi da mayonis har ba a iya rarrabe launin komai. Ana kiransa salak, wasu kuma su ƙara da cewa irin na Italiya ne. Tun da hantsi ake haɗa shi, ya yi zaman jiran baƙi har la'asar, abin da ya rage kuma a ƙulle a leda a kai wa yara.

Wannan kwano ya cancanci a sake dubansa, domin ya haɗa illa uku: yana da tsada, ba ya jure zafin ƙasar nan, kuma ya yi nisa da abin da ake jingina shi gare shi. Salak ɗin taliya irin na Italiya ya fi kusa da kwaɗon da ake yi a gidajen Kabi fiye da wannan farin kwano na walima. Babu kuma inda wannan magana ta fi fitowa fili kamar ƙasar Bagudo, inda kayan gona da kayan gwangwani suke haɗuwa a kasuwa ɗaya.

Ƙasar da hanya ta raina

Ƙaramar hukumar Bagudo tana yammacin Jihar Kabi, Kogin Kwara ya ratsa ta, kuma ta yi iyaka da Jamhuriyar Benin. Daga Lolo ana ƙetarawa zuwa Madekali, a kan hanyar Malanbil, garin da ke da ɗaya daga cikin manyan kasuwannin Benin, wanda kuma yake fuskantar Gaya ta Nijar a ɗaya gaɓar kogi. Daga Tsamiya kuwa hanya ta nufi Segbana. Illo, tsohon gari ne da fatake suka sani tun zamanin da ayarin goro ke tashi daga ƙasar Hausa zuwa Gwanja. Yarjejeniyar da Ingila da Faransa suka ƙulla a 1898 ce ta raba ƙasar Bargu gida biyu, ta bar Illo a hannun Ingilishi, ta bar dangin mutanenta da dama a hannun Faransawa. Har yau Hausa da Fulatanci da Dandanci suna ƙetare wannan layi ba tare da fasfo ba.

Abinci ma haka yake ƙetarawa. Mulkin Faransa ya bar wa Benin burodi mai tsawo da al'adar haɗa ɗanyen ganye da mai da ruwan khal, akwai kuma shagunan shayi inda ake soya taliya da ƙwai da dare. Titin da ya taso daga tashar jiragen ruwa ta Kwatano, ya bi ta Paraku da Kandi, ya yi tafiyar fiye da kilomita 700 kafin ya kai Malanbil, ya daɗe yana kawo gwangwanaye da kwalabe daga Turai da Asiya. A ɗaya hannun, fadamun Kwara suna ba da shinkafa da albasa da tumatir da tattasai, kogi yana ba da kifi, rugagen Fulani na yankin Ka'oje suna ba da madara. Mai shirya walima a wannan ƙasa yana da zaɓi biyu a gabansa, kuma abin da ya zaɓa yana nuna inda kuɗinsa za su kwana.

Abin da mutanen Italiya suke yi

A Italiya ana kiran wannan abinci taliya mai sanyi, kuma cimar bazara ce. Ana ɗaukarsa zuwa bakin teku ko wurin shan iska, musamman a hutun tsakiyar watan Agusta. Ginshiƙansa kaɗan ne: gajeriyar taliya da aka dafa ba ta yi laushi sosai ba, man zaitun, gishiri, nunannen tumatir, ganye mai ƙamshi, wani lokaci da cuku mai taushi ko kifin gwangwani ko 'ya'yan zaitun. Nau'in da ya fi yaɗuwa a intanet, mai yawan ruwan khal da yankakken nama, ya fi samun gindin zama a Amurka, a hannun jikokin 'yan ci-rani daga Italiya. Wanda ake cika wa mayonis kuwa dangin salak ɗin makaroni ne na Amurka da Ingila.

Tarihin abincin kansa darasi ne. A 1154, masanin ƙasa Al-Idrisi ya rubuta labarin wani gari a tsibirin Sisili mai suna Trabia, inda ake yin busasshiyar taliya da Larabawa suke kira iɗriyya, ana loda ta a jiragen ruwa zuwa ƙasashen Musulmi da na Kirista. Tumatir kuma baƙo ne daga nahiyar Amurka, bai isa Italiya ba sai a ƙarni na 16, ya kuma daɗe kafin ya shiga tukunya. Wato abin da duniya take kira na Italiya haɗin baƙi ne da mutanen ƙasar suka mayar nasu ta hanyar ƙa'ida guda: a yi girki da abin da ke kusa, a lokacin da ya nuna, kada a rufe ɗanɗanonsa. Wanda ya sayi kwalbar zaitun da ta yi watanni a hanya, ya bar tumatirin da aka tsinko da safe a fadamar Illo, ya kwaikwayi kayan haɗin, amma ƙa'idar ta kuɓuce masa.

Datu ya riga salak zuwa

Ita wannan ƙa'ida ba baƙuwa ba ce a ƙasar Hausa. Kwaɗon zogale, kwaɗon rama, kwaɗon tafasa, da abin da Sakkwatawa da Kabawa suke kira datu, duk gini ɗaya ne: dafaffen abu da ya huce, ɗanyar albasa da tumatir, man gyaɗa, dakakken ƙuli-ƙuli, yaji da gishiri, wani lokaci da ɗigon lemun tsami. Taliya ma ba jiya ta zo ba. An daɗe ana noman alkama da ban-ruwa a Kano da gaɓar Tafkin Chadi, daga ita ake alkaki da gurasa da funkaso, kuma taliya 'yar murji da mai da yaji ta raini yara da yawa da a yanzu suke zaune a ofis.

Idan aka ajiye kwanon Italiya kusa da kwanon datu, kowane abu yana da takwara. Man zaitun yana fuskantar man gyaɗa ko na riɗi. Ruwan khal yana fuskantar lemun tsami ko jiƙon tsamiya. Ganyen ƙamshin da suke yayyafawa ɗan uwan ɗoɗɗoya ne. Busasshen cukun da suke gurzawa domin gishiri da garɗi, aikin ƙuli-ƙuli yake yi. Har farin cuku mai taushi ma akwai shi a bakin iyaka: wagashi, wanda matan Fulani suke yi a arewacin Benin da maƙwabtanta ta hanyar ɗumama madara da daskarar da ita da ruwan tumfafiya, sau da yawa a rina bayansa ja da karan dafi. Ba ya narkewa a wuta, saboda haka ana iya soya shi a yanka cikin kwaɗo.

Abin tambaya shi ne me ya sa ɗan boko yake jin nauyin ajiye datu a gaban abokan aikinsa, amma yake alfahari da salak. Amsar ba ta cikin ɗanɗano. Tana cikin sunan da aka laƙaba wa kowanne: ɗaya an ɗauke shi cimar marmari ta mata a tsakar gida ko ta lokacin da hatsi ya yi ƙaranci, ɗaya kuma alamar wayewa. Wannan rabo ya sa ana biyan kuɗi mai yawa a kan abin da bai kai na gida dacewa da wurin ba.

Zafi ba ya duba sunan abinci

Daga watan Maris zuwa Mayu, zafin rana a Kabi yakan haura digiri 40, wutar lantarki kuma ba abin dogaro ba ce. Masana lafiyar abinci sun yi ittifaƙi cewa ƙwayoyin cuta sun fi hayayyafa tsakanin digiri 5 da 60, kuma dafaffen abinci bai kamata ya wuce awa biyu a waje ba. Hukumomin Amurka sun rage wa'adin zuwa awa ɗaya idan zafi ya haura digiri 32. A Bagudo, wannan na nufin yawancin ranakun shekara.

Dafaffiyar taliya da shinkafa suna da wani abokin gaba na musamman, ƙwayar cutar da ake kira Bacillus cereus. Irinta yana tsira daga tafasa, ya farfaɗo idan abinci ya huce ya daɗe a ajiye, ya fitar da guba wadda ɗumame ba ya kashewa. Yawanci abin yana tsayawa a amai da gudawa, amma ba kullum ba. A 2003, a ƙasar Beljiyam, yara biyar 'yan gida ɗaya sun kwanta bayan cin salak ɗin taliya da aka haɗa ranar Juma'a, aka fita da shi shan iska, aka ajiye ragowar har Litinin a firjin da ba ya sanyi sosai. Ƙaramarsu, 'yar shekara 7, ta rasu cikin sa'o'i. Idan haka ta faru a ƙasa mai sanyi da wuta ba yankewa, ledar salak da ta kwana a kan tebur a watan Afrilu ba abin wasa ba ce. Ƙiyasin da Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar a 2015 ya nuna cewa gurɓataccen abinci yana kwantar da mutum miliyan 91 a Afirka duk shekara, yana kashe kimanin 137,000.

A nan akwai buƙatar adalci ga mayonis. Na kanti yana da tsami, kuma shi kaɗai a kwalbarsa ba ya saurin ɓaci. Matsalar tana farawa ne idan aka gauraya shi da taliya da ƙwai da dankali da wake, tsaminsa ya salance, damshi ya ƙaru, ga hannuwa da yawa sun taɓa. Kaurinsa kuma yana ɓoye alamun da ido da hanci za su iya kamawa. Haɗin mai da lemun tsami ya fi sauƙin sarrafawa saboda ana iya ajiye kowane kaya daban a haɗa cikin minti biyar idan baƙi sun zauna, kuma babu dafaffen ƙwai a ciki. Duk da haka tsamin lemu ba lasisi ba ne na barin abinci a rana. Agogo ɗaya ne yake hukunci a kan duka biyun.

Inda kuɗin suke kwana

Mutanen bakin iyaka sun fi kowa sanin cewa kayan da suke zuwa daga nesa ba su da alƙawari. A watan Agustan 2019 gwamnatin tarayya ta rufe iyakokin ƙasa na tudu, ba a fara buɗe su ba sai Disambar 2020. A 2023 aka cire tallafin man fetur, aka saki naira ta nemi farashinta a kasuwa, alhali sefa tana ɗaure da yuro a kan 655.957. Duk abin da ake saye da sefa sai ya yi tashin gwauron zabo a aljihun mai naira. Juyin mulkin Nijar na 26 ga Yulin 2023 ya ƙara dagula zirga-zirgar manyan motoci a gadar Malanbil da Gaya. Ita kanta taliyar waje tana cikin jerin kayan da Hukumar Kwastan ta haramta shigowa da su. Man zaitun ba ya cikin haramcin, amma tsadarsa ta isa ta zama shinge.

Kwanon walima da aka gina a kan masarar gwangwani da waken gwangwani da 'ya'yan zaitun yana hawa da sauka tare da canjin kuɗi. Wanda aka gina a kan albasa da tumatir da gyaɗa da kifi yana bin kakar gona, kuma kuɗinsa suna komawa ga mai lambu a fadama, da matar da take matse mai tana soya ƙuli-ƙuli, da masunci, da mai tallan nono. Jihar da ta yi suna da albasar Aliero ba ta da hujjar cika kwanon baƙi da gwangwani.

Akwai ƙalubale mai ƙarfi ga wannan hujja, kuma bai kamata a kauce masa ba. Taliyar da kamfanoni irin su Golden Penny suke yi a Najeriya, da alkamar waje ake yin ta, domin fiye da kashi 90 cikin ɗari na alkamar da ƙasar take ci shigo da ita ake yi. Shirin lamunin manoma da aka ƙaddamar a Birnin Kebbi a Nuwambar 2015 ya haɗa da alkama, amma a shinkafa ya fi barin tarihi. Saboda haka ba za a ce kwaɗon taliya na gida ne ɗari bisa ɗari ba. Abin da za a iya cewa shi ne, a kwano mai kayan haɗi goma, gara a ce ɗaya ne baƙo a kan a ce bakwai. Wanda kuma yake son ya rufe wannan ƙofar gaba ɗaya, dafaffiyar shinkafar Kabi mai warwara tana karɓar wannan haɗi daidai wa daida. Mutanen Italiya ma suna da salak ɗin shinkafa da suke ci a bazara.

Yadda ake haɗa shi

Ƙulli ɗaya na makaroni mai giram 500 yana isar mutum takwas zuwa goma idan akwai wani abinci a gefe. Gajeriyar taliya mai lanƙwasa ko murɗiya ta fi doguwa, domin tana riƙe mai kuma tana hawa cokali. A tafasa ruwa lita huɗu zuwa biyar da gishiri mai ɗan yawa, saboda abinci mai sanyi yana dusashe ɗanɗano, kuma gishirin da bai shiga a tukunya ba ba zai shiga daga baya ba. A sauke ta da zarar ta nuna, tana da sauran ƙarfi a haƙori. A tsane ta, a watsa mata tsaftataccen ruwan sanyi don ta huce da wuri, a zuba mata cokali biyu na mai, a baza ta a faranti mai faɗi.

Ruwan haɗin yana bin ma'auni mai sauƙin riƙewa: kashi uku na mai, kashi ɗaya na tsami. Cokali tara na man gyaɗa mai kyau, wanda aka soya da albasa ya huce, da cokali uku na lemun tsami ko ruwan khal, da tafarnuwa ƙwaya biyu da aka daka, da masoro da gishiri. A zuba a kwalba mai murfi a girgiza. Rabi a juye a kan taliyar tun tana da sauran ɗumi don ta sha, rabi a ajiye sai lokacin ci.

Sai kayan lambu: tumatir huɗu ko biyar masu tauri, a cire 'ya'yan don kada su tsinka kwanon, albasa babba ɗaya, a yanka siriri a jiƙa a lemun tsami na minti goma don zafinta ya kwanta, kokwamba ɗaya da aka fere, tattasai ja da kore, karas da aka ɗan turara. Tafin hannu biyu na dafaffen zogale yana ƙara masa nauyi da amfani. Domin gina jiki, soyayyen wagashi ko bandar kifi da aka cire wa ƙaya aka ɗan soya. Daga ƙarshe a yayyafa dakakken ƙuli-ƙuli da ganyen ɗoɗɗoya da aka yaga da hannu, a ajiye yaji a gefe ga mai so. Ƙuli-ƙuli yana shiga ne a ƙarshe, in ba haka ba zai jiƙe ya zama kunu.

Ɗanyen kayan lambu yana da nasa hatsari, musamman inda ake ban-ruwa da ruwan da dabbobi suke sha, ko a damina lokacin da kwalara take yawo. A wanke komai da ruwan da za a iya sha, a fere abin da yake feruwa, a raba wuƙar nama da ta ganye, mai haɗi ya wanke hannu da sabulu. Idan akwai tafiya, kula mai ƙanƙara ta wadatar. Abin da ya yi fiye da awa ɗaya a gaban baƙi cikin zafi, ba na kai wa yara ba ne. Rigakafi a nan bai wuce a dafa daidai bakin mutanen da aka gayyata ba.

Maganar kunya

Sauran ƙalubalen na zuciya ne. Mai masauki yana tsoron kada a ce ya yi rowa, domin a idon mutane da yawa farin mayonis shi ne shaidar an kashe kuɗi. Wannan tsoro gaskiya ne, kuma uwargidan da za a yi gulmar girkinta ita ta fi jin sa. Sai dai ma'aunin karamci yana sauyawa, kuma masu ilimi da albashi ne suke sauya shi. Su ne suka ɗauko zoɓo da kunun aya daga tallan bakin titi suka kai su ɗakunan taro a cikin kwalabe, su ne suka mayar da masa da miyar taushe abincin liyafar manya. Ranar da likita ko shugaban makaranta ya ajiye kwaɗon taliya da wagashi a gaban baƙinsa ba tare da neman afuwa ba, washegari an fara kwaikwayonsa.

Wani kuma zai ce idan an cire zaitun da cukun Turai, abin ya daina zama na Italiya. Haka ne, kuma babu asara a ciki. Mutanen Sisili ba su nemi izinin Larabawa ba kafin su mayar da iɗriyya tasu, ba su kuma tambayi mutanen Meziko yadda ake cin tumatir ba. Abin da ya kamata a aro daga gare su shi ne dabarar dafa taliya ba tare da ta caɓe ba, da ma'aunin mai da tsami, da girmama kayan lambu a lokacinsu. Sauran duk akwai su tsakanin Ka'oje da Lolo. Ƙasar da ta shafe ƙarnoni tana karɓar goro daga Gwanja da gishiri daga Fogha tana mayar da su nata ba za ta rasa yadda za ta yi da ƙullin makaroni ba. A walima ta gaba, a haɗa shi bayan baƙi sun zauna, a kira shi da sunansa na kwaɗo, a kuma tabbata kwanon ya ƙare kafin a kira sallah ta gaba.